Saura Izu Biyu

Assalamu alaikum, 'yan uwana masu bin labarina. Yau ku gyara zama, don abin da zan faɗa muku laifina ne ni kaɗai. Ba zan ɗora wa shaiɗan ba, ba zan ɗora wa wutar sola ba. Da wannan yatsan da nake rubuta muku na yi ɓarnar.

Ga wanda yau ya fara shigowa, sunana Raudatu, ni ce auta a gidan Alaramma Abdulƙadir, a wani ƙauye da ke bayan Dawakin Tofa, inda gonar wannan take jingine da katangar wancan. Yayyena mata huɗu ne, kuma dukkansu ɗaliban Baba suka aura. Ba wadda aka yi wa dole, haka kawai abin ya yi ta zuwa har ya zama kamar dokar gida, surukin Alaramma malami ne. Ni kuwa da yake kaina daban yake, sai zuciyata ta je ta maƙale a wani shagon gyaran kwamfuta a Rijiyar Zaki, wurin wani dogo mai suna Ziyad, ɗan mutanen Barno da suka daɗe a Kano. A wurinsa na sayi tsohuwar kwamfutata. Wata tara ke nan muna magana a waya, kuma a gidanmu ko kaza ba ta sani ba.

Tun bayan Babbar Salla muryar Baba ta fara dishewa. Muryar da in ya ja baƙi da asuba ake jin ta har bakin rijiyar unguwa, sai ta koma kamar ta mai mura. Aka sha zuma, aka sha citta da kanumfari, shiru. Da aka je asibiti a birni, likita ya ce wani ƙari ne a maƙogwaro, sai an yi aiki. Ya ce ba abin tsoro ba ne ga rai, in Allah ya yarda. Amma murya, ya ce ba zai yi alkawari ba. Tana iya dawowa, tana iya dawowa daban, tana iya ƙin dawowa.

Ran da suka dawo, Baba ya fara cin tuwonsa. Sannan ya kira ni zaure.

"Raudatu, wannan abar taki tana ɗaukar magana?"

"Tana ɗauka, Baba."

"To ina so in bar muku sauka guda da bakina. Izu ɗaya kullum, bayan la'asar."

Na fita na shiga ɗakin Inna na yi kuka mai isata, sannan na kira Ziyad. Washegari na je shagonsa da kwamfutar. Ya ba ni aron makirfo mai kyau da wani ɗan akwatin sauti baƙi da ake jona makirfon a jikinsa, shi kuma a jona shi da kwamfuta. Ya saita komai, ya nuna min inda zan danna. A gida na ce a wurin mai gyara na aro, kuma ai ban yi ƙarya ba.

Abin da ban hango ba shi ne, daga ranar da Baƙara ta shiga cikin kwamfutar nan, ta tashi daga kayana. Baba ya ce tunda maganar Allah tana cikinta, hukuncin Alƙur'ani ya hau kanta. Ba a taɓa ta sai da alwala. Ba a ɗora komai a kanta. Ba a miƙe ƙafa ta wajenta. Inna ta ɗinka mata jaka da koren yadi, aka ba ta wuri a saman kantar littattafai, sama da Risala da Iziyya. Kuma ba ta fita daga zaure, ko tsakar gida. Ni da nake kallon finafinai a cikinta ina cin gyaɗa, yau sai na yi sallama a zuciyata kafin in sauko da ita.

Haka muka yi kwana hamsin da takwas. Gero ya tashi daga gwiwa har ya fi ƙarfin mutum tsawo, mu muna zaure, ni da Baba da jar fitilar akwatin nan. Kullum muryar tana ƙara siririncewa, amma makirfon yana kamo ta tas. Lissafinmu ya zauna daidai: Litinin izun Amma, Talata izun Sabbi, Laraba da la'asar a kwantar da shi, Alhamis a yi aiki.

Ranar Lahadi muna gama izu na hamsin da takwas, sai wani jan rubutu ya fito, wai wuri ya kusa cika. Na faɗa wa Baba.

"Me ke cikinta ban da karatu?"

"Hotuna ne, Baba, da takardun makaranta, da... 'yan wasu abubuwa."

"Subhanallahi! Wato wata biyu muna zuba maganar Allah a kan tarkace? A fitar da duk abin da ba Alƙur'ani ba."

Litinin da hantsi na yi alwala na zauna. Na kwashe hotunana na zuba a filash. Na goge waƙoƙin biki, na goge finafinai, ina yi ina istigfari. Da a nan na tsaya da ba ku ji wannan labarin ba. Amma kun san ni da zaƙewa, in na fara shara sai na leƙa ƙarƙashin gado. Na yi ta shiga lungu-lungu har na faɗa wata folda mai wani suna kamar na magani, cike da ƙananan fayiloli, kusan kowanne sunansa yana ƙarewa da di-el-el. Na danna ɗaya, ya ƙi buɗewa. Na danna wani, ya ƙi. Ba hoto ba, ba murya ba, ba takarda ba. Na ce lallai ku ne tarkacen da Baba yake faɗa.

Wallahi kwamfutar nan ta yi iya ƙoƙarinta. Sau biyu tana tambayata ko na tabbata. Na ce na tabbata. Na bi wasu 'yan uwansu da na gani a wani wurin na haɗa da su, na je kwandon shara na zazzage shi. Na mayar da ita jaka ina jin kaina kamar wadda ta share masallaci.

Ina fitowa na tarar Gwaggo Barira ta iso daga Gezawa, ƙanwar Baba, da jakarta da buhun zogale, ta zo zaman jinya. Tana zaune a kan turmi cikin atamfarta mai ruwan goro, ta ɗaura ɗankwali ya karkace gefe guda, alamar akwai magana. Inna tana tsince shinkafa, ta ƙi ɗago kai.

"Ke 'yar nan, zo nan. Shekarunki nawa yanzu?"

"Ashirin da huɗu, Gwaggo."

"Ashirin da huɗu! Ubanki zai kwanta a gaban likita da nauyinki a ransa, ke kina nan kina danne-danne. Ke ba ki da mai zuwa ne?"

Na sunkuyar da kai ina wasa da bakin hijabina.

"In babu ki faɗa. Ga Malam Abdulkabir nan, ɗalibinsa, yaro natsattse, ya haddace, yana da gona. Ba wanda zai matsa miki, amma ki dubi halin da ake ciki."

Inna ta ce, a hankali, "Ba don komai ba, Raudatu. Yana so a ce shi ya amsa maganarki da bakinsa, kamar yadda ya yi wa 'yan uwanki. Bai faɗa ba, amma na sani."

Ta Gwaggo ba ta dame ni ba, na saba. Ta Inna ce ta zauna min a ƙirji. Na buɗe baki in ce akwai wani, sai na hango fuskar Gwaggo in ta ji "mai gyaran kwamfuta," na mayar da bakina na rufe.

La'asar ta yi. Baba ya zauna a buzunsa, ya gyara rawani, ya kurɓi ruwan ɗumi. Na jona komai yadda na saba. Jar fitila ta ƙi kamawa. Na cire na mayar. Na kashe na kunna. Sai ga rubutu a fuskar kwamfutar, wai ba ta ga wata na'urar sauti ba. Ga akwati a gabanta, waya a jone, wai ba ta gan shi ba!

"Lafiya?" in ji Baba.

"Ta ɗan... ta ɗan rikice ne, Baba."

Gumi ya jiƙa min baya. Na ce bari mu gwada da wayata. Ya karanta ayoyi biyar na farkon Amma, na kunna mana mu ji. Zakaran maƙwabta ya fito raɗau. Akuyar Inna ta fito. Har dakan da ake yi a gida na uku ya fito. Muryar Baba kuwa tana can ƙasa kamar ana magana a cikin tulu. Ya saurara har ƙarshe, ya ce, "Wannan ba za a haɗa shi da sauran ba." Ya miƙe, ya ɗauki carbinsa, ya ce, "Allah ya sa haka ne mafi alheri."

Da ya yi faɗa da na fi jin daɗi. Na je bayan rumbu, inda sabis yake ɗan kamawa, na rubuta wa Ziyad.

"Na kashe kaina. Kwamfuta ba ta ganin akwatin."

"Subhanallah. Ta faɗi ne?"

"A'a. Na yi shara."

"Wace irin shara, Rauda?"

"Na goge wasu abubuwa masu di-el-el. Da yawa."

Ya yi minti biyu yana rubutu yana gogewa, ina kallo. Sannan:

"Kin duba kwandon shara?"

"Na zazzage shi."

"Kai, Rauda. Ke ko shara za ki yi sai kin haɗa da tabarma."

"Ba wasa na zo ba, Ziyad. Saura izu biyu. Laraba za a kwantar da shi."

"Yi haƙuri. Karatun da aka ɗauka yana nan?"

"Yana nan, na duba sau goma."

"To alhamdu lillahi, sauran mai sauƙi ne. Direban akwatin kika cire. Akwatin tsoho ne, masu yin sa sun daina ajiye fayilolinsa, amma ina da kwafi a shago. Kawo ta gobe da safe, minti talatin."

"Ba ta fita daga zaure."

"Kamar yaya?"

Na yi masa bayani. Ya shiga lissafi. Ni ma na san abin da yake lissafawa, don shi nake lissafawa. Wata tara yana roƙona in bar shi ya zo ya gai da Baba, ina ce masa ba yanzu ba, bari in shirya su.

"Ke nan ni zan zo."

"A matsayin mai gyara."

"To. A matsayin mai gyara."

"Kuma ka zo da alwala."

Talata da safe aka yi ruwa kamar da bakin ƙwarya. Hanyarmu daga bakin titi ba ta da kwalta, tsakanin gonaki take bi, in an yi ruwa sai ka rantse kunu aka dama. Na yi ta leƙa ƙofa har Gwaggo ta ce ko kuɗina ne ya faɗi a waje. Na sa doguwar rigata mai ruwan toka, na cire, na sa shuɗiya, na tuna ai mai gyara ne zai zo, na mayar da mai ruwan tokar. Kwalli dai na sa, wannan ba zan ɓoye muku ba.

Sai bayan azahar na ji ƙarar mashin. Jama'a, ku zo ku ga mai gyara! Farar shadda sabuwa fil, hula zanna-bukar, agogo, ga laka tun daga takalmi har gwiwa, har a gefen kunnensa. Ƙamshin turarensa ya riga shi shiga zaure. Gwaggo da ke leƙe ta bayan labule ta ja hijabina.

"Wannan ne mai gyaran?"

"Shi ne, Gwaggo."

"Ikon Allah. Mu a Gezawa masu gyara baƙin mai suke yi, ba turaren wuta ba."

Ziyad ya cire takalmi tun daga waje, ya durƙusa har ƙasa. "Allah gafarta Malam, barka da yamma. Ya jiki?"

"Alhamdu lillahi. Sannu da hanya, samari. Kana da alwala?"

"Ina da ita, Allah gafarta Malam, amma da wannan lakar gara in sabunta."

Na kawo masa buta ban kalle shi ba. Shi ma bai kalle ni ba. Mun yi rashin kallon nan da ƙarfi har ina jin ya yi yawa.

Da ya dawo, Baba da kansa ya miƙe ya sauko da jakar, ya miƙa masa da hannu biyu. Ziyad ya karɓa da hannu biyu, ya yi bismilla, ya nemi inda zai ɗora, ya ƙi ajiye ta a tabarma sai da na kawo ɗan teburin karatu. Ya naɗe dogayen ƙafafunsa a ƙarƙashinsa, ya buɗe, ya buga lambar sirri, ya shiga dubawa. Ni ina rakuɓe a bakin ƙofar cikin gida.

"Me ya same ta?" in ji Baba. Yanzu maganarsa gajeru ce, yana tattalin murya.

Ziyad ba zai yi wa Baba ƙarya ba, ba kuma zai tona ni ba, sai ya tsaya yana kallon allon kamar amsar za ta fito daga ciki. Tausayinsa ya kama ni, kunyar kaina ta fi.

"Ni ce, Baba. Da ka ce a fitar da abin da ba Alƙur'ani ba, na goge wasu abubuwa da ban san su ba. Jiya na sani, na kasa faɗa maka."

Baba ya dube ni, ya juya wurin Ziyad. "Mene ne su?"

"Allah gafarta Malam, ita kwamfuta ita kaɗai ba ta san makirfo ba, ba ta san akwatin nan ba. Duk na'urar da aka jona mata, sai da wasu ƙananan fayiloli da za su tsaya a tsakani, su gaya mata ga yadda ake magana da wannan, ga yadda ake karɓar abin da ya kawo. Kamar tafinta. Ba a buɗe su, ba a kallon su. Suna ajiye ne wuri guda, duk manhajar da take buƙata ta je ta ara. To su ne babu, shi ya sa ga akwatin a gabanta amma ba ta san da shi ba."

"Wato su ba karatu ba ne."

"Ba karatu ba ne."

"Amma ba su, karatu ba ya shiga."

"Haka ne, Allah gafarta Malam."

Baba ya jinjina kai. "To ba laifinta ba ne, ni na ba da umarni ban tambaya ba. A mayar da su."

Ziyad ya ciro filash daga aljihu, ya jona, ya yi ta dannawa. Wani koren layi ya yi ta tafiya har ya cika. Ya kashe, ya kunna, ya jona akwati. Na riƙe numfashi. Fitila ba ta kama ba. Wani ɗan rubutu ya fito, ya karanta, ya dafe goshi.

"Akwai guda ɗaya da ba ya cikin nawa. Na tare ne, ba na akwatin kaɗai ba, shi ma ya tafi. Sai na sauko da shi daga intanet." Ya duba wayarsa, ya ɗaga ta sama, ya juya ta. "Rauda, ina ake samun sabis a nan?"

"Bayan rumbu," na ce da sauri. "In ya ƙi, sai gindin kukar bakin gona."

Ya nemi izini ya fita, ya bar mu ni da Baba da ƙarar ɗigar ruwa daga indararo. Inuwa ta riga ta fara tsawo, la'asar ta kusa. Baba yana jan carbi, idonsa a kan kwamfutar.

"Wannan mai gyaran bai tambaye ki lambar buɗewa ba."

Na dubi ƙasa. "Ai... shi ya saita ta, Baba."

"Uhm." Ya ja ƙwaya uku. "Shi ya saita miki suna kuma? Rauda."

Na rasa inda zan sa fuskata. Da ƙasa za ta tsage da na shige har da hijabin. Ban iya karanta fuskarsa ba ko kaɗan.

Ta tagar zaure ina hango Ziyad. Bayan rumbu ya ƙi. Ya ratsa cikin gero har gindin kuka, farar shaddar nan tana shan raɓar ganye, ya hau kan saiwa, ya ɗaga waya sama da hannu ɗaya ya tsaya ƙyam. Mata masu dawowa daga rijiya suka tsaya suna kallonsa. Gwaggo ta leƙo ta ce, "Shi kuma wancan kiran salla zai yi?" Ban yi dariya ba. Addu'a nake yi, duk wadda ta zo bakina, har da ta shiga kasuwa.

Aka kira la'asar yana can. Suka yi salla da Baba a masallacin ƙofar gida, suka dawo tare. Ya zauna, ya jona wayarsa da kwamfutar, ya tura abin da ya samo, ya sake kashewa ya kunna. Ya ɗauki wayar akwatin, ya ce bismillahi, ya soka.

Jar fitila ta kama.

Ban san na yi ƙara ba sai da Inna ta ce daga ciki, "Ke lafiya?" Ziyad ya matsar da makirfo gaban Baba, ya gyara tsayinsa, ya sa abin ji a kunnensa. Baba ya yi basmala. Wasu korayen layuka suka yi tsalle a allon. Ziyad ya ɗaga kai, idonsa ya yi ja, ya ce, "Tana ji, Allah gafarta Malam. Tas."

Baba ya fara Amma. Na sha jin izun nan tun ina goye, amma ban taɓa jin sa kamar ranar ba. Muryar ta siririce, tana karcewa a wasu wurare, amma kowane harafi yana fita da haƙƙinsa. Inna da Gwaggo suka zo suka zauna a bayan labule. Ziyad ya sunkuyar da kai, leɓensa yana bin karatun a hankali, yatsansa a kusa da maɓallin ƙara, in muryar ta yi ƙasa ya ɗan ɗaga.

Da ya kai ƙarshe ya yi tari mai tsawo. Na miƙa masa ruwan ɗumi da zuma.

"Baba, a bar Sabbi sai gobe da safe. Likita ya ce izu ɗaya."

Ya girgiza kai. "Yau."

"Baba, muryar..."

"Gobe da safe ina da wani aikin da zan yi da ita. Kunna."

Na kalli Ziyad, ya kalle ni, karo na farko tun zuwansa. Ya danna.

Sabbi izu ne na yara, da shi kowa yake fara zama a gaban malami, amma ranar nan hawa dutse ya zama. A Lam yakun muryar ta yanke, ya tsaya, ya haɗiyi yawu, ya koma farkon ayar. A Alhakumu ta sake yankewa. Ina ganin jijiyar wuyansa tana tashi. Rana ta yi ja a jikin bangon zaure, awaki suna shigowa gida, ni kuwa hawaye yana bin haɓata ina tsoron in share in yi motsin da makirfo zai ɗauka. Daga Tabbat zuwa ƙasa kusan raɗa yake yi. Amma korayen layukan nan ba su daina motsi ba, ƙanana, suna tashi suna sauka.

Ya karanta Ƙulhuwa. Ya karanta Falaƙi. Ya karanta Nasi har ƙarshenta, ya rufe ido.

Zauren ya yi tsit. Sai shessheƙar Gwaggo a bayan labule, ita da ta ce ba ta kuka tun rasuwar kakarmu. Baba ya ɗaga hannu ya yi addu'ar sauka, muna amin, amin. Izu sittin cif. Wani sanyi ya sauka a ƙirjina wanda ban taɓa jin irinsa ba, na ji ko me likita zai yi ranar Alhamis, wannan dai ba mai ƙwace mana shi.

Ziyad ya kai hannu zai tsayar da ɗauka. Baba ya ɗaga masa yatsa.

"Bar ta tukuna."

Ya kurɓi sauran ruwan. Ya juyo ya fuskanci Ziyad sosai, ya dube shi tun daga hula har lakar da ta bushe a ƙafar wandonsa.

"Sunanka?"

"Ziyad, Allah gafarta Malam."

"Ɗan wa?"

"Ɗan Alhaji Kallamu, mai hatsi, a Rijiyar Zaki."

"Yana da rai?"

"Yana nan lafiya."

"Kai malami ne?"

Ziyad ya girgiza kai. "A'a, Allah gafarta Malam. Na yi sauka, amma ban haddace ba. Gyara kawai na iya."

"Na gani."

Labule ya motsa. Na san kunnuwa huɗu ne a manne da shi. Ni kuwa zuciyata tana bugawa har ina tsoron ta fito a cikin karatun. Baba ya juyo gare ni, muryarsa saura kaɗan, sai da na matso na ji.

"Raudatu. Shi ne?"

Na rufe fuska da hijabi. Na ɗaga kai sau ɗaya.

Ya mayar da dubansa ga Ziyad, ya matsa kusa da makirfon, jar fitila tana ci.

"Ka gaya wa Alhaji Kallamu ina jiransa gobe da hantsi. Kada ya wuce hantsi. Da la'asar za su kwantar da ni, kuma ina so in amsa masa tun ina da abin amsawa."